Yadda Genzo Ya Toshe Ramin Waƙa da Gyare

A garinmu Kurumizawa, wanda ke maƙale tsakanin duwatsu da gonakin shinkafa, ba a taɓa yin mutumin da bakinsa ya fi kunnensa aiki irin Genzo Kuwabara ba. Ya ƙare ƙuruciyarsa a Tokyo yana sayar da firji da na'urar sanyaya ɗaki, yana kuma gyara su. Da ya yi ritaya sai ya dawo gida da farar hula, da sandar da ƙafarsa ba ta buƙata, da labarin cewa babu wani babban zauren kiɗa a birni da bai shiga ba. Kuma gaskiya ne, ya shiga. Ta ƙofar baya yake shiga da tsani a kafaɗa, ya gyara iskar sanyi ya fita tun makaɗa ba su iso ba. Wannan ɓangaren labarin ne kawai bai taɓa samun hanyar fitowa daga bakinsa ba.

"Kunnen nan da kuke gani," haka yake gaya wa mutane a gidan wanka, yana cikin ruwan zafi har wuya, "daga bakin ƙofa yake jiyo firjin da ke shirin mutuwa. To ina ga sarewa? Ina ga piyano? Ku ai ji kawai kuke yi. Ni saurare nake yi."

Abu ɗaya ne ya tsaya masa a rai. Tsoho Ushijima, wanda ya daɗe yana shugabantar kwamitin kiɗa na gari, gwiwa ta matsa masa, ya ce zai sauka bayan wasan kaka na bana. Wanda ya gaje shi shi zai riƙe makullin zauren gari, shi zai yi jawabin buɗe taro, kuma kowa zai riƙa ce masa Sensei, wato Malam. Genzo yana son kalmar nan fiye da yadda yake son shinkafarsa. Mutum biyu ake zance, shi da Fujieda mai awara, wata bazawara mai kaifin harshe da ke kiwon kaji a bayan shagonta.

Baƙin bana su biyu ne: Rinko Hayase mai busa sarewa, da abokin aikinta mai kaɗa piyano. Rinko ta aiko da faifan sabuwar waƙarta, wadda ta sa wa suna Ciyawa Bayan Ruwa, don kwamiti ya ji. Aka taru a gidan Ushijima, aka zauna kan tabarma, aka zuba shayi, aka kunna.

Piyano ya fara ɗiga ɗaya-ɗaya kamar ruwan indararo bayan an ɗauke sama. Sarewa ta shigo a hankali, rabi sauti rabi numfashi. Mutane suka lumshe ido. Genzo kuwa ya gyara zama.

"Kun ji? Wannan dusar ƙanƙara ce."

"Ruwan sama ne, Genzo-san," in ji Fujieda, da san ɗin ladabi da muke liƙa wa suna a garinmu. "Sunan waƙar ma ya faɗa."

"Ruwan sama mai shirin zama ƙanƙara. Ke kin tsaya a suna, ni na wuce ciki."

Ana cikin haka sai sarewa ta yi siriri, ta yi siriri, ta ɓace. Piyano ma ya yi tsit. Faifai yana ta juyawa, babu ko ƙis. Shirun ya yi tsawon da mutum zai shanye shayinsa ya ajiye kofi, sannan kiɗa ya dawo ya ƙarasa.

Genzo ya buga cinya. "Rami! Na faɗa! Yarinyar nan tunani ya ƙare mata a tsakiya, ta bar rami. Yaran yanzu ke nan."

Ushijima ya yi murmushi cikin gemunsa. "Ka bar shirun nan yadda yake, Genzo-san. Kuma ina ƙara tuna wa kowa, ciyawar bayan zaure kada wanda ya taɓa ta."

Duk daminar nan tsohon yake nanata zancen ciyawar nan, bai taɓa faɗin dalili ba. Genzo ya daɗe da yanke hukuncin cewa lalaci ne irin na tsufa. Washegari Ushijima ya tafi birni a duba masa gwiwa, ya ce sai ranar wasa zai dawo tare da baƙi.

Genzo ya shiga gida yana huci kamar wanda ya gano ma'adini. Matarsa Tokiko tana yanka gauta a ɗakin girki.

"Tokiko, kujerar nan ta zama tawa. Waƙar tana da rami, ni zan toshe shi. Waƙar ciyawa ce ko? To me ke kuka a ciyawa da kaka? Gyare mai ƙararrawa! Zan tara su ɗari-ɗari a kejin gora, in ɓoye a zaure. Shirun nan yana zuwa, in yaye mayafi, su ɗauki waƙa. Mai sarewar da kanta za ta sunkuya ta ce, Sensei, ka cece ni."

"Maigida, yaushe rabonka da kama gyare?"

"Ilimi ba ya tsufa."

"Tun muna yara ma ai kai tsoronsu kake ji. To ka dai sani cewa a cikinsu..."

"Na sani."

"Ban faɗa ba tukuna."

"Duk abin da za ki faɗa na sani. Ina tocilan?"

Da magariba ya fita farauta a gangaren bayan zaure, sanye da dogon takalmin roba, da ragar kama kifi a hannu ɗaya, tocila a ɗayan. Gyare ƙaramin abu ne mai tsoro, mai son a lallaɓa masa. Genzo kuwa da surutu ya shiga ciyawa, yana yi wa kansa jawabin karɓar kujera. Duk inda ya sa ƙafa sai wurin ya yi tsit, shi bai ma lura da cewa da akwai kuka ba, balle ya lura ya tsaya. Ya kai wa wani baƙin abu raga, ashe kwaɗo ne. Ya ja da baya, santsi ya kwashe shi, ya zauna daram a cikin magudanar gonar shinkafa. Farar hular ta bi ruwa.

Masu dawowa daga gidan wanka suka tsaya a kan gada suna leƙe.

"Genzo-san, wanka na biyu ne?"

"Ina auna yadda sauti ke tafiya a kan ruwa ne!" ya daka musu tsawa. "Ku wuce, ba fanninku ba ne."

Ya dawo gida da gyare ɗaya mai ƙafa biyar da mura. Wani zai haƙura a nan, amma ba Genzo ba. Da gari ya waye ya yanke shawarar cewa laifin ciyawa ne, ta yi tsawo da yawa. Ya fito da injinsa na yankan ciyawa, wanda ya rubuta sunansa a jiki da manyan haruffa kamar yadda yake yi wa duk abin da ya mallaka, har da bokiti. Ya tayar da shi, ƙara ta cika unguwa.

Fujieda ta fito da gudu, hannu duk ruwan awara. "Kai! Ba ka ji abin da Ushijima-sensei ya ce ba?"

"Baƙi za su zo daga birni su tarar da mu cikin jeji? Tsafta nake yi wa gari. In kishi ne ke damunki, ki ce kishi."

"Kishin me? Na wanda ya kwana da taɓo a wando?"

"Ki koma ga waken suyarki, baiwar awara. Harkar fasaha ta fi ƙarfinki."

Ya aske gangaren nan tas, har ƙasa ta fito. Gyare suka yi ta tsalle suna neman mafaka, shi kuwa yana bin su da raga yana zubawa a buhu. Wanda bai shiga buhu ba ya gudu ya bar unguwar. Kafin rana ta yi tsaka, bayan zaure ya zama kamar kan da wanzami ya gama da shi.

Sai aikin tancewa. Ya zazzage buhun a babban bahon wanki a tsakar gida, ya sa tabarau, ya sunkuya kamar likita. Ya ga iri biyu ne. Wasu masu faffaɗan fiffike, wasu kuma masu ƙaton ciki da wani dogon tsinke a baya.

"Af! Ga shi a fili," ya ce. "Tokiko, zo ki ga hikima. Kin ga tsinken nan? Ita ce sarewarsu, ta nan sauti ke fita. Kin ga cikin? Nan suke tara iska. Waɗannan su ne mawaƙa. Masu baza fiffiken nan kuwa 'yan kwalliya ne kawai, cima-zaune."

Tokiko ta ajiye tsintsiya. "Maigida, wannan tsinken da kake gani..."

"Sarewa ce."

"Da shi suke..."

"Tokiko! Ni na shiga zaurukan Tokyo ko ke?"

Ta dube shi, ta dubi bahon. Shekarun aurensu sun koya mata lokacin da magana ke zama asarar yawu. "Kai ne, Maigida," ta ce. Ta faki idonsa ta ɗauki ɗaya mai faffaɗan fiffike, ta jefa a fankon kwalbar tsami, wadda take tsuma gauta a ciki, ta shige ɗakin girki.

Sauran masu fiffiken kuwa Genzo ya kwashe su a bokiti ya kai shagon Fujieda, don ya nuna mata shi ba mai riƙo ba ne.

"Ga tsarabar kajinki. Marasa amfanin ne."

Fujieda ta leƙa bokiti. Ta ɗago ta dube shi. Ta sake leƙawa. Duk wanda ya yi ƙuruciya a garin nan ya san namijin gyare ne ke kuka, da goga fiffikensa, mace kuwa tsinkenta na saka ƙwai ne, ba ta cewa uffan har ta mutu. Fujieda ta haɗiye dariya har sai da idonta ya kawo ruwa.

"Duka waɗannan? Ka tabbata?"

"Na taɓa yin abin da ban tabbata ba?"

"Kajina suna godiya, Genzo-san. Ba su taɓa cin abinci mai tsada haka ba."

Kwanakin da suka rage Genzo ya yi su ne yana renon mawaƙansa a ɗakin baƙi. Ya jera kejin gora har rufi. Ya ba su kokwamba da gauta da garin busasshen kifi. Suka ci, suka yi ɓul-ɓul, ba wadda ta ce ƙala. Ya kunna musu faifan Rinko safe da yamma don su san inda za su shigo. Ya ɗiga musu zuma saboda maƙogwaro.

"Shiru nake ji, Maigida," in ji Tokiko.

"Adana murya suke yi. Manyan mawaƙa haka suke kafin wasa. Ke da ba ki taɓa shiga bayan fage ba ina za ki sani?"

Labari kuwa ya gama gari, don Genzo ba ya iya riƙe sirri ko nasa ne. Bai faɗi abin da zai yi ba, amma ya gaya wa kowa, har da mai kawo wasiƙa, cewa ranar wasa za a ga bambancin mai kunne da mai fatar kunne.

Ranar ta zo. Tun da la'asar ya shigo da kejin, ya jera su a gefen dandamali kusa da piyano, ya lulluɓe da shuɗin mayafi, ya ce furanni ne na karrama baƙi. Ya sa sabuwar riga ta gargajiya mai faffaɗan hannu, ya kama matashin zama na gaba-gaba. Mutane suka tuɓe takalma a ƙofa suka cika zaure. Jirgin ƙasa ya yi latti, saboda haka Ushijima da baƙinsa ta ƙofar gaba suka shigo kai tsaye, rana tana gab da faɗuwa.

Rinko ta fito, siririyar mace mai sanyin murya, ta sunkuya ta gaida jama'a.

"Bara na sauka a garin nan," ta ce. "Bayan an ɗauke ruwa na zauna a bayan zauren nan, na ji abin da ban taɓa ji a birni ba. Shi ya sa na rubuta wannan waƙa. Akwai wurin da ni da piyano za mu yi shiru. A nan za a buɗe ƙofofin baya, domin wannan ɓangaren ba nawa ba ne. Na masu ciyawar ne. Na gode wa Ushijima-sensei da ya tsare mini su duk damina."

Zaure ya yi wani irin sanyi. Kawuna suka fara juyawa wajen Genzo ɗaya bayan ɗaya. Fujieda ta dafe baki, wannan karon ba don dariya ba. Shi kuwa gogan bai ji ko kalma ɗaya ba, don yana can yana raɗa wa na kusa da shi yadda ake gane piyano mai kyau daga ƙafafunsa. Da ya ga ana kallonsa sai ya gyaɗa kai, yana murmushin wanda girma ya zo wa.

Aka rage fitila. Piyano ya fara ɗiga. Sarewa ta shigo kamar iskar da ke ratsa kara. Ko ni da nake ba da labarin nan sai da tsigar jikina ta tashi, don abin ya yi kyau ƙwarai. Sarewa ta yi siriri, ta ɓace. Aka zuge ƙofofin baya a hankali.

Ga gangare nan a aske ƙwal, jan ƙasa da tarin busasshiyar ciyawa. A tsakiya ga injin yanka a zaune, da KUWABARA rubuce a jikinsa yadda ko mai ciwon ido zai karanta. Babu kuka, babu motsi. Rinko ta tsaya da sarewa a hannu tana kallon waje. Ushijima ya buɗe baki, ya kasa rufewa.

Genzo ya ga lokacinsa ya yi. Ya miƙe, ya fizge shuɗin mayafi da salo, ya baza hannu.

"Jama'a, ku saurara!"

Aka saurara. Matan gyare suka ci gaba da cin kokwamba.

Ya ƙwanƙwasa keji da yatsa. Shiru. Ya girgiza wani. Shiru. Ya sunkuya ya ce musu a hankali, "Yanzu ne fa. Ku shigo." Gumi ya karyo masa daga ƙeya. Ya hango kujera tana sulalewa, makulli yana tafiya, Sensei yana ɗaga masa hannu daga nesa. Sai dabara ta zo masa, irin dabarar da ke zuwa wa mutum don ta ƙarasa shi. Ya durƙusa a bayan kejin, ya kare baki da hannun riga, ya tsuke leɓe.

"Kirrr-ƙwiii! Kirrr-ƙwiii! Tsurrr!"

"Wa ya bar wayarsa a kunne?" wani tsoho ya tambaya daga baya.

"Ba waya ba ce, ƙofa ce ke son mai."

"Genzo-san ne," in ji Fujieda da ƙarfi. "A ba shi ruwa, ina jin wani abu ya haɗiya."

Dariya ta ɓarke a zauren da ko tari ba a yi a cikinsa lokacin kiɗa. Genzo ya zabura zai musanta, faffaɗan hannun rigarsa ya maƙale a keji na ƙasa. Ya ja. Duk ginin ya rushe. Ƙofofin gora suka ɓalle, matan gyare suka watsu kamar an zazzage buhun baƙin wake. Wasu suka hau tabarma, wasu suka shige hannayen rigunan mata, wata ta faɗa shayin matar magajin gari. Mafi yawansu kuwa suka nufi wurin da ya fi duhu, wato cikin piyano.

"Kada kowa ya motsa! Na san halinsu!" in ji Genzo. Ya tura kai da kafaɗa cikin piyano yana damƙa. Gwiwar hannunsa ta ture sandar da ke tokare da murfi. Murfi ya sauko masa a gadon baya, wayoyin ciki suka yi wata irin kururuwa da ta daɗe tana yawo a zaure. Ƙafafunsa ne kawai a waje suna harbin iska, safa ɗaya da huji a diddige.

Mai piyano, mutum mai ladabi, ya ɗaga murfin ya sunkuya ya ce, "Gafara dai, ranka ya daɗe, ka gama?"

Aka zaro shi. Rinko ta tsugunna ta ɗauki gyare ɗaya a tafin hannu, ta duba. Ta ɗauki wata, ta duba.

"Duk mata ne," ta ce a hankali. "Ina mazan? Su ne masu kukan."

"Mazan?" in ji Genzo. "To wannan sarewar ta bayansu fa?"

Wata tsohuwa ta ce, "Da ita suke saka ƙwai, Genzo. Jikata ma ta sani."

"Mazan suna cikin kajina, baiwar sarewa," in ji Fujieda, kanta a ƙasa. "Shi ya kawo mini su a bokiti. Da na san naki ne da ban karɓa ba."

Rinko ta dubi Genzo daga sama har ƙasa. "Na yi wasa a wurare da yawa," ta ce. "An taɓa yi mini tari, an taɓa yi mini minshari. Amma yau ne karo na farko da aka ciyar da makaɗana ga kaji kafin in iso."

Ushijima ya dogara sanda ya miƙe. Bai ɗaga murya ba. Ya ciro makullin zaure daga aljihu, ya miƙa wa Fujieda da hannu biyu, ita ma ta karɓa da hannu biyu. Sannan ya juyo.

"Genzo-san, kai ma ba za ka tafi hannu wofi ba. Gangaren nan naka ne har ciyawa ta dawo, masu ita su dawo. Za ka shuka, ka yi ban-ruwa. Sharaɗi ɗaya ne, in kana wurin, bakinka a rufe. Kuma tunda kana son a ce maka Sensei..."

"Gyare-sensei!" wani ya ƙwala daga baya. Zaure ya amsa baki ɗaya. Har yau ɗin nan in ka tambayi gidan Kuwabara a garinmu sai an yi tunani, amma in ka ce gidan Gyare-sensei, kowa zai nuna maka.

Suka taka zuwa gida, Tokiko a gaba da fankon keji, shi a baya yana dafe da ƙugu. Suka isa. Ya tuɓe takalmi. Ta zuba masa shinkafa da miya, ya zauna ya zuba wa kwano ido. Tun ranar aurensu gidan nan bai taɓa yin tsit irin na wannan yamma ba.

Sai wani sauti ya taso daga ɗakin girki, daga cikin kwalbar tsami da ke kan kanta. Siriri, garau, kamar ana kaɗa 'yar ƙaramar ƙararrawar azurfa a nesa. Riiin. Riiin. Ya tsaya, ya sake. Tokiko ta ajiye tsinken cin abincinta, ta lumshe ido.

Genzo ya ɗago kai. Ya karkata kunnen nan nasa da ya gagari Tokyo, ya saurara da kyau, ya haɗe gira.

"Tokiko," ya ce, "firjinki ya kusa mutuwa."